Mutum ya faɗi ba ya numfashi: a danna masa ƙirji ko a ruga da shi asibiti?

Mai Keke Kurna

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Ni matuƙin Adaidaita Sahu ne a Kano, layina Kurna zuwa Rijiyar Lemo, wani lokacin in shiga cikin gari. Duk wanda ya san sana'armu ya san a unguwa mu ne motar asibiti. Mai naƙuda, yaron da ya shiɗe, tsohon da ya faɗi a banɗaki, duk ƙofarmu ake bugawa, ko da tsakar dare ne.

Makon jiya bayan sallar isha'i wani dattijo maƙwabcinmu mai sayar da goro ya fito daga masallaci, ya sunkuya zai sa takalmi, sai kawai ya sulale ya faɗi. Nan take jama'a suka rufu a kansa. Wannan yana yayyafa masa ruwan buta, wancan yana fifita da kwali, wani ya ruga gida ya kawo albasa, liman yana tofa masa addu'a. Shi kuwa jefi-jefi sai ya buɗe baki ya ja wani irin minshari mai nauyi, sannan ya yi shiru. Wasu suka ce ai da sauran numfashinsa, wani ya ce a laƙƙana masa kalmar shahada. Daga ƙarshe aka cicciɓe shi aka sa a kekena, 'ya'yansa biyu suna riƙe da shi, ƙafafunsa a waje. Muka tarar da gosulo a titin Katsina.

Muna isa asibiti, tun kafin a gama ɗora shi kan gado wata nas ta fara danna masa ƙirji da ƙarfinta duka. Likita ya waiwayo ya tambaye mu: ƙarfe nawa ya faɗi, kuma akwai wanda ya danna masa ƙirji kafin a taho? Muka yi tsuru-tsuru. Sun daɗe a kansa, amma Allah ya yi masa rasuwa. Allah ya jiƙansa.

Tambayar likitan nan ta tsaya mini a rai, kuma na san za a sake buga mini ƙofa. Don Allah masu sani ku taimaka. Yaya ake gane suma da tsayawar zuciya? Yaya ake wannan dannawar, kuma wanda bai yi karatun asibiti ba zai iya? Sannan ni da ake kira da keke, me ya fi: a tsaya a danna, ko a sa shi in taka wuta?

Anti Nas

Wa alaikumus salam Malam. Allah ya jiƙan Baba, ya ba iyalansa haƙuri, kai kuma Allah ya saka maka. A sashen gaggawa nake aiki, kuma yawancin waɗanda ake kawo mana a wannan hali haka ake kawo su, a zaune cikin keke, an riƙe su ta hamata.

Abu biyu kawai za ka duba, kuma kada su ɗauke ka fiye da daƙiƙa 10. Ka bubbugi kafaɗunsa ka kira shi da ƙarfi. In bai amsa ba, ka kwantar da shi rigingine, ka ɗan ɗaga haɓarsa, ka zuba wa ƙirjinsa ido. In yana hawa yana sauka kamar na mai barci, yana numfashi: ka juya shi kan gefensa don kada amai ya shaƙe shi, a kai shi asibiti. In kuwa ƙirji ba ya motsi, ko kuma sai wannan jan minshari jefi-jefi da ka kwatanta, to ka ɗauka zuciya ta tsaya. Wannan kakarin shi ne yake yaudarar mutane. Ba numfashi ba ne, ragowar motsi ne daga ƙwaƙwalwar da jini ya yanke mata, kuma yana nuna abin bai daɗe da faruwa ba, wato lokacin da taimako ya fi amfani ke nan. Wani ma yakan ɗan yi fizge-fizge a ce farfaɗiya ce. Kada ka ɓata lokaci wajen laluben jijiyar wuya ko ta hannu, ko mu ma'aikata takan ɓace mana in hankali ya tashi.

Kada ka ce "a kira mota" ga taro gaba ɗaya, kowa zai zaci wani ya tafi. Ka nuna mutum ɗaya da yatsa: kai mai jar hula, kira lambar gaggawa 112. Kai, je ka taso ma'aikacin lafiyar da ke layin nan. Kai kuma duba agogo ka riƙe mana lokaci.

Dannawar kuwa ga yadda take. Ya kasance a ƙasa mai tauri, siminti ko daɓe, ba katifa ba. Ka durƙusa a gefensa, ka ɗora gindin tafin hannunka a tsakiyar ƙirji, kan rabin ƙasa na ƙashin nan da ke tsakiya, ka ɗora ɗaya hannun a kai ka sarƙe yatsu. Ka miƙar da gwiwar hannu, kafaɗunka su zo daidai saman hannuwanka, ka danna da nauyin jikinka. Ƙirjin ya lotsa santimita 5 zuwa 6, kimanin inci 2 ke nan, sannan ka bar shi ya dawo daidai kafin ka sake dannawa, ba tare da ka ɗauke hannu ba. Sau 100 zuwa 120 a minti ɗaya, kusan biyu a kowace daƙiƙa. Ka riƙa ƙirgawa a bayyane.

Wanda aka horar yakan yi dannawa 30 ya hura iska sau 2 a baki. In ba ka iya ba, ko ranka bai kwanta da sa baki a bakin wani ba, ka bar hurawar ka yi ta dannawa kawai. Babba da ya faɗi farat ɗaya akwai sauran iska a jininsa ta 'yan mintuna, abin da ya rasa shi ne mai tura jinin.

Aiki ne mai cin ƙarfi ƙwarai. Ko ƙato ne, bayan minti 2 dannawarsa takan yi rauni bai sani ba. Ku jeru mutum uku ko huɗu kuna karɓar juna, wannan yana ɗauke hannu wancan yana ɗorawa.

Za ka iya jin haƙarƙari ya yi ƙas a ƙarƙashin hannunka, musamman a tsofaffi. Kada ka tsaya. Karaya tana warkewa, amma ƙwaƙwalwa takan fara lalacewa cikin minti 4 zuwa 6 in jini bai je mata ba. Ruwa, albasa, cokali a baki, ɗura masa madara ko zuma, duk a bar su. Ɗurar ma cikin huhu take tafiya. Addu'a kuwa a yi ta, baki yana addu'a hannu yana aiki.

Kocin Unguwa

Anti Nas, Allah ya ƙara ilimi. Ni ina horar da yara ƙwallo a filin makaranta, kuma wannan magana ta daɗe tana damuna, don mu 'yan ƙwallo mun gani da idonmu.

Manyanmu suna ba da labarin Samuel Okwaraji, ɗan wasan Najeriya, wanda ya faɗi a babban filin wasa na Legas ranar 12 ga Agusta 1989 ana wasa da Angola, yana ɗan shekara 25, bai tashi ba. Marc-Vivien Foé na Kamaru ya faɗi a tsakiyar fili a Liyon ta Faransa ranar 26 ga Yuni 2003, suna wasa da Kolombiya, shi ma ya tafi. A nan gida, a watan Maris na 2020, Chineme Martins na Nasarawa United ya faɗi a Lafiya ana wasa da Katsina United, ya rasu.

To ku dubi ɗaya ɓangaren. Fabrice Muamba na Bolton ya faɗi a filin Tottenham ranar 17 ga Maris 2012. Nan take aka fara danna masa ƙirji, har wani likitan zuciya da ya zo kallo ya sauko daga cikin 'yan kallo ya shiga aikin. Minti 78 zuciyarsa ba ta buga da kanta ba, aka yi masa shokin na lantarki a ƙirji don dawo da bugun zuciya sau 15, kuma ya rayu da hankalinsa. Christian Eriksen kuwa yawancinmu muna gidan kallo ranar 12 ga Yuni 2021 lokacin da ya kife a wasan Danmak da Finlan. A cikin filin aka danna masa ƙirji, aka yi masa shokin sau ɗaya zuciyar ta dawo. Aka dasa masa 'yar na'ura a ƙirji, ya koma wasa a Brentford, daga nan Manchester United, har ya ci ƙwallo a gasar Turai ta 2024.

Na'urar shokin ɗin nan akwai 'yar ƙarama a akwati, an rubuta AED a jikinta, kuma don irinmu aka yi ta. Kana kunnawa za ta fara magana. Ka manna faifai ɗaya a ƙirjin dama ƙasan ƙashin wuya, ɗaya a gefen hagu ƙasan hamata, ita za ta auna zuciyar da kanta. In babu buƙatar shokin ba za ta bayar ba. Ni a ganina duk babban masallacin Juma'a, da kasuwa irin Kwari ko Sabon Gari, da tasha, da filin wasa, ya kamata a ce akwai ɗaya a rataye inda kowa ya sani.

Baban Yara

Duk na ji bayananku, amma bari in faɗi abin da yake hana mutane, don a yi maganarsa a fili. Na farko tsoro. Ka hau ƙirjin mahaifin wani kana dannawa, ya cika a hannunka, haƙarƙari a karye, gobe 'ya'yansa su ce kai ka ƙarasa shi, ko ka kwana a ofishin 'yan sanda. Na biyu, in mace ce fa? Matar wani ta faɗi a kasuwa, wane namiji ne zai sa hannu a ƙirjinta a gaban jama'a? Na uku, mu Musulmi ne, mun yarda in ajali ya zo babu mai ƙara daƙiƙa ɗaya. Dattijon da yake kakarin mutuwa, ba gara a bar shi ya cika da kalmar shahada cikin natsuwa ba, maimakon a yi ta turmusa shi?

Almajirin Zaure

Baban Yara, tambayoyinka a kan hanya suke, bari in taɓa biyu na ƙarshe gwargwadon abin da muka karanta a gaban malamai.

Ajali gaskiya ne, amma a ɓoye yake, kai da ke tsaye a kan mutum ba ka san ko nasa ya zo ba. Abin da aka ɗora maka shi ne riƙo da sababi. Da wannan hujjar za a bi, da ba a tsamo wanda ya faɗa rijiya ba, da ba a kai mai naƙuda asibiti ba. A cikin Suratul Ma'ida, aya ta 32, Allah ya ce wanda ya raya rai ɗaya kamar ya raya mutane ne gaba ɗaya. Kuma dannawa ba ta hana wani ya durƙusa wajen kunnensa yana karanta masa kalmar shahada.

Batun mace kuwa, ƙa'ida ce sananniya a fiƙihu cewa larura tana halatta abin da aka hana, gwargwadon larurar. In akwai mace a wurin da za ta iya, ita ta yi, maza su koya mata da baki. In babu, namiji ya yi, mata su kewaye su da mayafai su yi musu labule. Dannawar ma ba sai an tuɓe ta ba. Shi ya sa nake ganin makarantun Islamiyya na matan aure su ne wurin da ya fi dacewa a kai wannan horo, don yawancin faɗuwar nan a cikin gida take faruwa, lokacin da maza suna kasuwa.

Likitan Dare

Mai Keke, tambayarka ta uku ita ce mai wuya, kuma ba wanda ya amsa ta tukuna.

Da farko a bambance abu biyu. Akwai toshewar jijiyar da ke kai wa zuciya jini: mutum yana farke, yana dafe ƙirji, yana gumi, ciwon yana sauka hannun hagu ko muƙamuƙi. Wannan ba a danna masa ƙirji, ka zaunar da shi a kekenka ka kawo mana shi da sauri. Akwai kuma tsayawar zuciya, wadda Anti Nas ta kwatanta. Ta farkon takan jawo ta biyun, haka ma zuciyar da hawan jini ya daɗe yana wahalarwa har ta kumbura, da ciwon ƙoda, da zubar jini mai yawa, da kamun lantarki.

Sau da yawa a mintunan farko zuciyar ba shiru ta yi ba, karkarwa take yi barkatai ba ta tura jini. Maganin wannan karkarwar shokin ne. Dannawa ba kasafai take tayar da zuciyar ba ita kaɗai, aikinta ta riƙe ƙwaƙwalwa da ran zuciyar har na'ura ta iso. In ba a yin komai, kowane minti damar rayuwa tana raguwa da kimanin kashi 7 zuwa 10 cikin 100, kuma karkarwar takan mutu ta koma shiru, wanda shokin ba ya yi wa amfani. Dannawar kuma kamar famfon tuƙa-tuƙa take: sai ka yi ta bugawa kafin ruwa ya hau, kana sakin hannu ya koma ƙasa, sai ka sake daga farko. Shi ya sa muke faɗa a kan kada a tsaya.

To ga ra'ayina. A fara dannawa nan take a inda ya faɗi, kafin a yi maganar abin hawa. In akwai motar asibiti ko na'ura da ke tafe, a zauna a wurin ana dannawa. In kun tabbata babu mai zuwa, dole a tafi da shi inda na'urar take, amma a motar da zai kwanta a miƙe a kan abu mai tauri, wani ya durƙusa yana ci gaba da aiki: a-kori-kura, ko keken ɗaukar kaya, ko bas da aka naɗe kujerunta. Kujerar Adaidaita gajeriya ce kuma mai laushi, mutum a zaune a kanta minti 20 babu mai danna shi, gawa za ka kawo mana. Kai amfaninka a wannan dare ya fi girma in ka fara dannawar da hannunka, ko ka ruga ka ɗauko ma'aikacin lafiya, ko ka samo motar da ta dace. Kuma tun yanzu, da rana tsaka, ka zaga asibitocin da ke kusa da ku ka tambaya wanne ne yake da na'urar shokin da ma'aikata da daddare, ka karɓi lambar sashen gaggawa. Mafi kusa mai na'ura za ka nufa, kuma a kira su kuna hanya.

In kun iso, mu ma dannawar ce dai ginshiƙi. Muna ƙara iskar oksijin, mu manna na'ura mu duba zuciya duk minti 2, in mai karɓar shokin ce mu bayar. Muna sa allurar adiranalin miligiram 1 a jijiya duk minti 3 zuwa 5, in karkarwar ta ƙi bayan shokin na uku mu ƙara amiyodaron miligiram 300. A lokaci guda muna neman sanadi: jini ne ya zube, iska ce ta yanke, sinadarin fotasiyam ne ya hau saboda ƙoda, guba ce, ko gudan jini ne ya toshe hanya. Abin da za ku taimaka mana da shi: lokacin da ya faɗi, lokacin da aka fara dannawa, da ledar magungunansa. In zuciya ta dawo, sai ɗakin kulawa ta musamman, don kwanakin farko suna da haɗari.

Ba zan ɓoye muku ba, ko a ƙasashen da suke da komai, waɗanda ake cetowa ba su kai waɗanda ake rasawa ba. Amma wanda aka danna wa ƙirji da wuri damarsa takan ninka sau biyu ko uku.

Baban Yara, a kan tsoronka: ka yi aikin a gaban shaidu, kana faɗin abin da kake yi da babbar murya, a kira iyalansa a waya. Wanda zuciyarsa ta tsaya ba abin da hannunka zai ƙara masa na cuta. Kuma sashe na 20 na Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ya hana asibiti ƙin karɓar mai buƙatar taimakon gaggawa.

Mai Keke Kurna

Na gode ƙwarai, Allah ya saka muku da alheri. Likita, zan zaga asibitocin kamar yadda ka ce, kuma akwai mai a-kori-kura a bayan layinmu, zan karɓi lambarsa. Saura biyu. In yaro ne fa? Da damina yara suna faɗawa kududdufi a wajenmu. Kuma yaushe mutum zai daina dannawa?

Anti Nas

Yaro da wanda aka tsamo daga ruwa, su iska ce ta fara yanke musu kafin zuciya ta tsaya, don haka hurawa tana da muhimmanci sosai a kansu. Ka ɗaga haɓa, ka toshe hanci, ka hura har ka ga ƙirji ya taso, sannan dannawa 30 hurawa 2, haka za ka yi ta yi. Kada a tsaya matsa masa ciki ko a riƙe shi ta ƙafa wai ruwa ya fita. Ƙaramin yaro hannu ɗaya ya isa, jariri kuwa manyan yatsunka biyu a tsakiyar ƙirji, sauran yatsun suna zagaye da bayansa, bakinka ya rufe hancinsa da bakinsa tare. Zurfin kamar kashi ɗaya cikin uku na kaurin ƙirjin.

Ana dainawa in ya fara numfashi sosai ko ya motsa, ko ma'aikatan lafiya sun karɓe ka, ko wurin ya zama haɗari, ko duk kun gaji babu mai karɓa. In ya farfaɗo kada a ce ya warke a mayar da shi ɗaki, zuciyar tana iya sake tsayawa, asibiti za a wuce.

Karatu a waya ba zai maye gurbin gwadawa da hannu ba. Ƙungiyar Red Cross tana koyar da taimakon farko da mutum-mutumin roba, cikin yini guda hannunka zai san nauyin da ake nufi. Ku yi magana da shugabannin tasharku da 'yan agajin masallacinku ku haɗu ku nemi a zo a koya muku, ku taho da matan gida.